Darasin Wannan Wata: Gini Cikin Gandun Daji da Laifin Raina Kotu

Domin ƙungiyoyin manoma, zumuntar mata, matasa da dattawan ikilisiya na Achika da kewaye.

Wurin karatu: Nehemiya 2:1-8 da Romawa 13:1-5.

Manufa: Mu san abin da ake nufi da gandun daji, mu san wanda yake da ikon ba da fili, mu kuma gane abin da ke samun mutumin da kotu ta ce ya dakata da gini amma ya ƙi.

Gabatarwa

Kowa a ƙasar Wudil ya san fili ya yi tsada. Gari yana ta faɗi tun da aka kafa jami'ar kimiyya da fasaha a 2001. Ga makarantar horon 'yan sanda, ga kasuwar shanu ta ranar Jumma'a, ga kuma babbar hanyar Kano zuwa Maiduguri. A garuruwa irin su Achika, Utai, Darki, Indabo da Lajawa, gonar da kaka ya noma shi kaɗai, yau jikoki ne da yawa suke rabonta. Ba a barin saura ta huta kamar dā.

In fili ya yi wuya haka, sai ido ya koma kan wuraren da ake gani kamar ba su da mai su, watau daji, da makiyaya, da burtali, da bakin kogi. Nan ne dillali yakan zo da magana mai daɗi. Ya ce wurin da araha, ya ce ba mai hanawa, ya ce in dai ka yi sauri ka aza kwano shi ke nan, ba wanda zai taɓa ka. Wannan magana ta ƙarshe ita ce muke so mu bincika a darasin nan, gama ta jefa mutane da yawa cikin hasara.

1. Mene ne gandun daji?

Gandun daji wuri ne da hukuma ta keɓe bisa doka, domin itatuwa da ƙasa da ruwa su tsira. Dokar daji ta samo asali tun zamanin Turawa, aka yi mata babban gyara a 1937, sa'an nan Jihar Arewa ta gaje ta, jihohi kuma suka gaji Jihar Arewa. A zamanin En'e, kafin a keɓe wuri sai an yi shela, a naɗa ma'aikaci ya saurari duk mai wani hakki a wurin. Abin da aka yarda wa mutanen kusa, kamar ɗibar busassun itace, ko tsinkar 'ya'yan itace, ko bin wata hanya, sai a rubuta. Daga nan a ja iyaka, a buga a jaridar gwamnati da ake kira Gazet. Bayan haka ba sara, ba noma, ba gini, sai da izini. Yadda aka keɓe wurin da takarda, haka nan kuma ba ya fita daga gandu sai da takarda. Ko da itatuwan sun ƙare, wurin ya zama fako, a idon doka yana nan gandun daji har ran da hukuma ta fitar da shi. Makiyaya ma tana da tata doka, wadda Gwamnatin Jihar Arewa ta yi a 1965.

Gandun da aka fi sani a Jihar Kano shi ne dajin Falgore, can kudu wajen Tudun Wada da Doguwa. Wani zai ce, ina ruwan mutumin Achika da dajin da ke nesa haka? Da ruwansa. Kogin Kano yana ratsa dajin nan kafin ya zuba a madatsar Tiga, sa'an nan ya haɗu da Kogin Challawa, su biyun su bi ta ƙarƙashin gadar Wudil. In aka sare daji a can, ruwan sama ba ya samun abin da zai riƙe shi. Sai ya kwashi ƙasa da yashi ya zuba a kogi. Masunta da masu noman rani na nan su ne za su gani a tukunyarsu. Saboda haka dokar daji ba don a ƙuntata wa talaka aka yi ta ba. Sashe na 20 na Tsarin Mulkin 1999 ya ɗora wa gwamnati nauyin kare ruwa da iska da ƙasa da daji da namun daji.

2. Wa ke da ikon ba da fili?

Tun daga 29 ga Maris 1978, da aka kafa Dokar Amfani da Filaye, dukan ƙasar da ke cikin jiha tana hannun Gwamna, yana riƙe da ita amana domin jama'a. A cikin birni Gwamna ne ke ba da iznin mallaka. A karkara Ƙaramar Hukuma tana iya ba da izni irin na gargajiya, har hekta 500 domin noma, ko hekta 5,000 domin kiwo. In ya wuce haka sai da yardar Gwamna.

Mai unguwa da dagaci da hakimi iyayenmu ne, su ne kuma suka fi kowa sanin tarihin iyakoki. Shaidarsu tana da amfani ƙwarai. Amma hatiminsu ba ya mai da gandun daji ya zama fuloti. Haka nan malamin daji, aikinsa tsaro ne, ba sayarwa ba. Ba mai iya ba ka abin da ba nasa ba. Akwai kuma wata ƙa'ida da kotunan Nijeriya suke bi: abin da aka gina a kan ƙasa, na mai ƙasar ne. Watau in ka zuba bulo da siminti a filin da ba naka ba, ka yi wa mai filin aiki ke nan.

3. In kotu ta ce a dakata

A ce wani ya soma gini a bakin gandu, ma'aikatar daji ko mutanen gari suka kai ƙara. Shari'ar fili takan ɗauki lokaci. Don kada a ɓata wurin kafin a gama, alƙali yakan ba da oda cewa kowa ya tsaya inda yake. Wannan oda ba ta ce mai ginin ba shi da gaskiya ba. Cewa ta yi a jira. Wani lokaci akan ba da ita tun kafin a ji ta bakinsa, amma irin wannan ta 'yan kwanaki ce, yana kuma da dama ya je ya roƙi kotu ta janye ta.

In ya ji odar, ya yi kunnen ƙashi, ya ci gaba da aiki, to, ya ɗauki sabon laifi dabam da maganar fili. Shi ake kira raina kotu. Ga yadda abin yake tafiya bisa doka. Da fari za a kawo masa takarda hannu da hannu, wadda lauyoyi ke kira Fom 48. Gargaɗi ce, tana gaya masa in bai bi oda ba zai tafi gidan yari. In bai daina ba, sai a kawo ta biyu, Fom 49, ya zo ya faɗi dalilin da zai sa kada a ɗaure shi. In ba shi da dalili, alƙali yana da iko ya tsare shi har ran da ya yi biyayya.

Mu lura da abu uku a nan.

Na ɗaya, ko da odar kuskure ce, sai an bi ta har ran da aka soke ta. Hanyar gyara kuskuren alƙali ita ce roƙon kotu ko ɗaukaka ƙara. Mutum yana iya zama da gaskiya a maganar fili, amma ya kwana a gidan yari saboda raina kotu. Sau da yawa ma kotu ba ta sauraron wata buƙatarsa sai ya fara bin odar.

Na biyu, sauri ba ya ba da gaskiya. Akwai wata tsohuwar shari'a ta Ingila, ta 1891, da lauyoyi ke kira Daniel da Ferguson. Mutumin ya ji za a nemi oda a kansa, sai ya tara magina da yawa, suka yi ta aiki har da dare, bango ya kai kusan ƙafa 40. Kotu ta ce a rushe shi nan take, tun ba a kai ga sanin mai gaskiya ba, domin ya yi ne don ya riga kotu. Wannan ita ce amsar maganar dillalin nan. Sauri ya haifi nawa.

Na uku, dokar ba ta talaka kaɗai ba ce. Sashe na 287 na Tsarin Mulki ya ce hukuncin kotu ya hau kan dukan hukumomi da dukan mutane. A 1986 Kotun Ƙoli ta Nijeriya ta tsawata wa gwamnatin soja ta Jihar Legas, domin ta fitar da Cif Odumegwu Ojukwu da ƙarfi daga wani gida a Ikoyi alhali maganar tana gaban kotu. Kotun ta ƙi biyan buƙatar gwamnatin, ta nuna cewa gwamnati ma ba ta da ikon ɗaukar doka a hannunta.

4. Abin da ya faru a Indiya

Ƙasar da ta fi yin suna wajen irin wannan shari'a ita ce Indiya. Mutanenta suna da yawa, fili kuwa ya yi musu kaɗan, kamar yadda ya soma yi mana. Ya kamata mu ji labarinsu, gama in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, sai ka shafa wa naka ruwa.

A 1995 wani mutum mai suna Godavarman ya kai ƙara Kotun Ƙoli ta Indiya saboda saran daji a yankinsu, a kudancin ƙasar. A ran 12 ga Disamba 1996 kotun ta ba da oda cewa duk aikin da ba na daji ba a tsai da shi a cikin kowane daji, sai da yardar gwamnatin tarayya. Tun daga nan kotun ta sa ido a kan dazuzzukan ƙasar. Ga abu uku da suka biyo baya.

Manya biyu. A Jihar Maharashtra, ministan daji, Swarup Singh Naik, da babban sakataren ma'aikatarsa, Ashok Khot, suka ba wa wasu masana'antun katako shida izni su yi aiki, alhali kotu ta hana. A watan Mayu 2006 Kotun Ƙoli ta same su da laifin raina kotu. Suka ba da haƙuri, kotu ba ta karɓa ba. Aka yanke wa kowannensu ɗaurin wata ɗaya, ministan kuwa ya sauka daga muƙaminsa.

Unguwar masu kuɗi. A tsaunukan Aravalli, kusa da birnin Faridabad a Jihar Haryana, wani kamfani ya sami izni a 1984 a kan fili fiye da eka 400, da sunan zai gina wurin shirya fim. Sai ya yanka fulotai ya sayar, aka kira wurin Kant Enclave. A ran 18 ga Agusta 1992 gwamnatin jihar ta keɓe wurin bisa dokar kare ƙasa, amma gini bai tsaya ba, ko da yake kotu ta yi ta ba da oda. A ran 11 ga Satumba 2018 Kotun Ƙoli ta ce wurin daji ne, a rushe duk abin da aka gina bayan ranar nan ta 1992. Ta ce kamfanin ya mayar wa masu saye kuɗinsu da ƙari, a ba kowane mai gidan da za a rushe rupi miliyan 5, kamfanin da ma'aikatar tsara birane su raba biyan. Ta kuma ci kamfanin rupi miliyan 50 domin gyaran dajin. A farkon 2019 majalisar jihar ta yi wa dokar gyara yadda za a buɗe irin wuraren nan ga masu gini. Nan da nan kotu ta hana a yi aiki da gyaran, ta gargaɗi gwamnatin cewa wannan raina kotu ne.

Unguwar talakawa. A tsaunukan nan dai akwai wata unguwa mai suna Khori Gaon. Mazaunanta yawanci lebura ne da masu ƙananan sana'o'i. Da yawansu sun ce sayen filin suka yi daga hannun dillalai, suna riƙe da 'yan takardun da dillalan suka rubuta musu. A ran 7 ga Yuni 2021 Kotun Ƙoli ta ce a kwashe gine-ginen da ke cikin dajin cikin mako shida. Gidaje wajen 10,000 ne abin ya shafa. A watan Yuli, da damina, aka shigo da katafila. Waɗansu masanan hakkin ɗan'adam na Majalisar Ɗinkin Duniya sun yi roƙo a dakata, amma rushewa ta ci gaba.

Me muka koya? Doka ta kama minista, ta kama kamfani, ta kama lebura. Amma zafin bai zama ɗaya ba. Minista ya yi wata ɗaya ya koma gidansa. Masu kuɗi sun sami diyya domin suna da takardu da lauyoyi. Talaka kuwa ya tashi ba gida, kuɗin da ya ba dillali kuma sun tafi. Ba mu ce wannan daidai ne ba. Mu da muke aiki a karkara muna ganin wajibi ne hukuma ta fara kama mai sayarwa da ma'aikacin da ya rufe ido, ta kuma tsai da gini tun yana harsashi, kada ta jira sai yara sun girma a ɗakin. Amma kafin a kai ga haka, mai ƙaramin ƙarfi shi ya fi bukatar ya yi hankali, domin shi ne ba shi da abin da zai sake ginawa da shi.

5. Abin da Maganar Allah ta koya mana

Nehemiya yana da babban aiki a gabansa, watau gina garun Urushalima. Aikin Allah ne, ba shakka. Yana bukatar katako domin ƙofofi. Sarki kuwa yana da daji, dajin yana da mai tsaro, sunansa Asaf. Nehemiya bai ce tun da aikin na Allah ne bari ya shiga da gatari ba. Ya roƙi sarki takarda zuwa wurin Asaf tun bai bar fada ba. Daga baya, da maƙiya suka zarge shi da tayar wa sarki, ba su sami abin kamawa ba.

Wannan ya shafe mu ƙwarai. Ikilisiya takan so gina majami'a, ko makaranta, ko ɗakin shan magani, ko gidan fasto. Samun takardar fili yakan yi wuya, yakan kuma daɗe, har zuciya ta gaji. Sai wani ɗan'uwa mai kyakkyawar niyya ya ce ga fili kyauta a bakin daji, mu yi gayya mu gama cikin mako guda. 'Yan'uwa, kyakkyawar niyya ba ta canja iyaka. Kuɗin ginin nan baikon gwauraye ne da kuɗin gyaɗar mata. In aka rushe, hasarar tasu ce, sunan Almasihu kuma shi za a ambata a bakin kasuwa.

Wani zai tambaya, to, in an zalunce mu fa? Manzo Bulus ya koya mana biyayya ga mahukunta, amma shi kansa, da ya ga ba za a yi masa gaskiya ba, ya ɗaukaka ƙara zuwa gaban Kaisar. Bai fasa kurkuku ba, bai kuma yi shiru ba. Ya bi ƙofar da doka ta buɗe. Mu ma ƙofar nan tana buɗe gare mu.

6. Abin yi

Kafin saye:

(a) A je wurin da ƙafa, tare da maƙwabtan filin ta kowane gefe. A dubi ko akwai turakun siminti, ko allon hukuma, ko layin itatuwan da aka dasa domin iyaka.

(b) A tambayi tsofaffi da Fulanin wurin, ko nan burtali ne, ko makiyaya, ko mashaya. Matambayi ba ya ɓata.

(c) A je sashen gona da daji na Ƙaramar Hukuma, da ofishin filaye, a nemi amsa a rubuce.

(d) In araha ta yi yawa, ko mai sayarwa yana gaggawa, ko ya ce kada a gaya wa kowa, a janye.

In takardar kotu ta zo:

(a) A karɓa. Guje wa mai kawo sammaci ba ya kashe magana.

(b) A tsai da aiki a ranar, a sallami magina. Su ma in sun san da odar suka ci gaba, laifin yana iya shafarsu.

(c) A kai takardar wurin wanda ya iya karatu sosai, sa'an nan wurin lauya. Wanda ba shi da hali ya nemi Hukumar Taimakon Shari'a, wadda aka kafa a 1976 domin marasa ƙarfi. Tana da ofishi a Kano.

(d) A je kotu ranar da aka sa, da dukan takardu da shaidu. Kada a ba kowa kuɗi da sunan zai kashe maganar a ɓoye.

In kuwa mu ne muka ga ana cin gandu ko burtali, mu gaya wa dagaci da malamin daji tun da wuri, a rubuce, da hannun mutane da yawa, Kirista da Musulmi, manomi da makiyayi. Kada mu rushe da hannunmu, gama wannan ma ɗaukar doka ce a hannu.

Daga ƙarshe, mu rage wa daji nauyi daga gonakinmu. A ƙasar Maraɗi ta Nijar, tun daga 1983, manoma tare da ma'aikatan mishan na SIM suka soma barin tohon kututture a gona, suna gyara shi har ya zama itace. Suna kiran abin sassabin zamani. Ta haka miliyoyin hekta suka sake yin itatuwa a Nijar. Wanda yake da gawo da ɗorawa da kuka da tsamiya a gonarsa, ba ya yawan kallon gandun hukuma.

Tambayoyi domin tattaunawa

1. Waɗanne wurare ne a ƙasarmu aka keɓe domin daji, ko kiwo, ko hanyar shanu? Wa ya san iyakarsu? Matasanmu sun sani?

2. Mene ne bambanci tsakanin odar dakatawa da hukuncin ƙarshe?

3. Don me mutanen Khori Gaon suka fi shan wahala bisa mutanen Kant Enclave?

4. Filin majami'armu da na makarantarmu suna da takarda? Tana hannun wa?

5. In ɗan'uwa ya riga ya sayi fili a wurin da bai kamata ba, ta yaya ikilisiya za ta taimake shi ba tare da ta goyi bayan karya doka ba?

Aikin wannan wata: kowace ƙungiya ta zaɓi mutum uku, a ciki har da mace ɗaya, su gai da dagaci da malamin daji, su roƙa a nuna musu iyakokin wuraren da aka keɓe. Su kawo rahoto a taro mai zuwa.

A rufe da addu'a domin alƙalai, da sarakuna, da ma'aikatan daji, Allah ya ba su riƙon gaskiya. A kuma tuna da waɗanda ba su da wurin sa haƙarƙari.